Shekara biyar ina biyan bashin gida, uwar kuɗin ko gezau: cuta ce ko lissafi?

Abu_Hanan: Assalamu alaikum jama'a. Don Allah masu ilimin banki a cikinmu a taimaka mini da haske. A 2020 na karɓi lamunin gida na asusun gidaje na ƙasa, wato NHF, naira miliyan 10, ta hannun wani bankin ba da lamunin gidaje. Ruwa kashi 6 cikin 100, a biya cikin shekara 30. Kowane wata ana cire mini N59,955 daga albashi, ban taɓa tsallake wata ba. Satin nan na karɓo takardar bayanin bashin, sai na ga wai saura N9,305,000 da 'yan kai. Na buga a waya, abin da na zuba musu ya kusa miliyan 3 da dubu 600. Amma bashin ko dubu 700 bai ragu ba. Ina sauran ya shiga? Kafin in je in ɗaga murya a ofishin mutane, ina so in san ko ina da gaskiya.

DanBirni_KN: Wa alaikumus salam. Ka je ka ɗaga muryar kawai, Malam. Mutanen banki sai da ido ja.

Malam_Lissafi: Wa alaikumus salam. Abu Hanan, kada ka bi ta DanBirni, za ka je ka sha kunya ne. Na buga lissafinka yanzu, alƙalumansu daidai suke har kwabo.

Ga yadda abin yake. Ba a kan abin da ka biya ake ɗora ruwa ba, a kan abin da ya rage a wuyanka ne, kuma wata-wata. Kashi 6 a shekara, in ka raba gida 12, ya zama rabin kashi ɗaya ke nan kowane wata. A watan farko ana binka miliyan 10 cif, rabin kashi ɗayanta N50,000. To daga cikin N59,955 da aka cire maka, N50,000 ruwa ne, N9,955 kacal ta taɓa uwar kuɗi. Wata na biyu ana binka N9,990,045, ruwan ya sauka da naira hamsin, abin da ke shiga uwar kuɗi ya hau da naira hamsin. A haka za a yi ta tafiya, ruwa na sauka, rabon uwar kuɗi na hawa, amma a farkon tafiya hawan kamar ba a yi.

Bayan shekara 10 za a bi ka wajen miliyan 8 da dubu 369. Bayan shekara 15, rabin wa'adi ke nan, saura miliyan 7 da dubu 100. Sai ka shiga shekara ta 19 kafin abin da ke tafiya ga uwar kuɗi ya fi abin da ke tafiya ga ruwa. Rabin bashin kuwa ba zai biyu ba sai wajen shekara ta 21. Daga nan ne abin ke gangarawa da gudu. In ka kai ƙarshe, jimillar abin da ka biya miliyan 21 da dubu 584, wato ruwa kaɗai miliyan 11 da rabi da ɗoriya.

Abu_Hanan: Innalillahi. Wato kuɗin gida biyu zan biya in samu ɗaya?

Malam_Lissafi: A ƙidayar takardun naira, ƙwarai kuwa. Amma ka jira, akwai sauran magana a kan wace irin naira ce.

Ummu_Khalil: Ni abin da ban gane ba, Malam, me ya hana su raba abin daidai? Ko su fara cire uwar kuɗin, ruwan ya biyo baya? Wannan ai da gangan suka tsara don su fara kwashe nasu.

Malam_Lissafi: Hajiya, ba wani ne ya zauna ya ce a fara da ruwa ba. A watan farko kuɗinsu miliyan 10 ne ke hannunsa, don haka ruwan miliyan 10 zai biya. A watan ƙarshe abin da ke hannunsa bai kai dubu 60 ba, ruwansa bai wuce naira 300 ba. Akwai tsarin da ake raba uwar kuɗi daidai kowane wata, a ɗora ruwa a kai. In da shi aka yi masa, watan farko zai biya N27,778 na uwar kuɗi da N50,000 na ruwa, kusan dubu 78 ke nan, sannan ya riƙa sauka. Jimillar ruwan ta fi sauƙi, wajen miliyan 9, amma albashin mutum nawa zai ɗauki dubu 78 tun daga farko? Ƙa'idar NHF ita ce kada abin da ake cirewa ya haura kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu. Shi ya sa aka daidaita biyan ya zama iri ɗaya daga farko har ƙarshe.

Ustaz_Gwale: Duk wannan lissafin, babu wanda ya faɗi abin da ya fi muhimmanci. Kashi 6 ko kashi 60, sunansa riba. Allah ya halatta ciniki ya haramta riba, aya ta 275 cikin Baƙara, kuma a aya ta 279 ya shelanta yaƙi ga wanda bai bari ba. Ɗan'uwa Abu Hanan, ba don in kunyata ka ba, shawarata ka nemi hanyar da za ka rufe bashin nan da wuri gwargwadon iko.

DanBirni_KN: Na san sai Ustaz ya iso. Sannu da zuwa, Allah gafarta Malam.

Baba_Ritaya: Yara, ku bari in sa baki. Abu Hanan, kai kana kukan miliyan 21, ni kuma dariya abin ya ba ni. A 2020 da ka karɓi kuɗin nan, mafi ƙarancin albashi N30,000 ne, yau N70,000. Buhun siminti a lokacin bai kai dubu huɗu ba, je ka kasuwa ka tambaya yanzu. Dala ba ta wuce wajen naira 500 ba ko a bayan fage, a 2024 ta haura 1,500. Duk wannan guguwar, kuɗin da ake cire maka suna nan N59,955, ko kwabo bai ƙaru ba. Gidan da ka saya miliyan 10, tsakaninka da Allah, yau za ka sayar da shi miliyan 20? Ba za ka yarda ba. A 2045 kuwa, in muna raye, wa ya san abin da dubu sittin za ta saya?

Ka karɓi naira mai nauyi, kana mayar da mara nauyi. A ƙarshen 2024 hauhawar farashi ta haura kashi 34 cikin 100, kai kuma kana biyan kashi 6. In da wanda aka cuta a cinikin nan, to ba kai ba ne.

Abu_Hanan: Baba, maganarka ta ɗan sanyaya mini rai. Sai dai fa albashin nawa bai ninka ba kamar yadda siminti ya ninka. Da dubu sittin ɗin ba ta dame ni sosai ba, yanzu da mai da shinkafa suka cinye sauran, ranar da alat ya shigo sai in ji kamar an yanke mini hannu.

Baba_Ritaya: Wannan gaskiya ne, ɗana. Amma tambayi maƙwabcinka mai haya sau nawa mai gida ya ƙara masa tun 2023.

Yar_Sabongari: Sau biyu aka ƙara mana, Baba, kuma na uku na tafe. Shekara goma sha muna biya, ko ƙofar bayan gida ba mu mallaka ba. Ni da zan samu irin matsalar Abu Hanan da na yi sadaka.

Injiniya_KD: Baba_Ritaya ya ce ba Abu Hanan aka cuta ba, to a tambaya wa aka cuta. Asusun NHF tun 1992 aka kafa shi, ana cire kashi 2.5 daga albashin ma'aikata. Wanda bai taɓa karɓar lamuni ba, in ya yi ritaya a mayar masa da kuɗinsa da ruwan kashi 2. Kashi 2, a ƙasar da farashi ya riƙa tashi kashi 20 zuwa 30. Wato malamin firamare da mai gadi da ba za su taɓa cika sharuɗɗan samun gida ba, su ne ke ɗaukar nauyin arahar da masu babban albashi ke ci. Bankin FMBN, na gwamnatin tarayya da ke kula da asusun, na ba bankunan lamunin gidaje a kan kashi 4, su kuma su ba mutane a kan kashi 6. Arahar nan daga aljihun wani ta fito.

Baba_Ritaya: Injiniya, ban musa ba. Ni ma cikin masu zubawa nake, ban ci ba.

Lauya_Zazzau: Ƙarin bayani kaɗan, Injiniya. Tun gyaran dokar da aka yi a 2023, ma'aikatan kamfanoni masu zaman kansu ba dole ba ne su zuba, ganin dama ne. Ma'aikatan gwamnati ne abin ya rage a kansu.

Sadiq_Banki: A banki nake aiki, don haka ku yi haƙuri da ni, DanBirni musamman. Ina so Abu Hanan ya ga abin da zai tarar da a bankin kasuwanci ya karɓi kuɗin nan. A ƙarshen 2024 Babban Banki ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5, to babu bankin da zai ba ka bashin gida a kan kashi 6 daga aljihunsa. A ɗauka kashi 25 aka ba ka.

Miliyan 10, shekara 10: kowane wata wajen N227,500, jimilla miliyan 27 da dubu 300. Sai mutum ya ce ya yi nauyi, a ja masa wa'adi zuwa shekara 20 don ya samu sauƙi. Kun san nawa zai koma? N209,800. Sauƙin da ya samu bai kai dubu 18 a wata ba, amma jimillar ta tashi zuwa miliyan 50 da ɗoriya. Ya ƙara wa kansa miliyan 23 don ya rage dubu 18. Dalili kuwa, ruwan wata ɗaya kaɗai a kan miliyan 10 ya kai N208,333, kuma duk tsawon wa'adin da za a ba ka ba za ka taɓa sauka ƙasa da wannan ba. In ruwa ya yi tsada, dogon wa'adi ba ya taimakon kowa. Shi ya sa ma da wuya ka ga bankin kasuwanci ya ba da shekara 20.

Sannan akasarin irin wannan bashi ruwansa ba tsayayye ba ne. A cikin takardar akwai layin da ya ce banki na da ikon sauya shi in yanayin kasuwa ya sauya. Mutane ba sa karanta wurin.

DanBirni_KN: Miliyan 50 a kan miliyan 10. Sadiq, kuma kana iya barci da dare?

Sadiq_Banki: Ni ma gidan haya nake kwana, yallaɓai.

Hajiya_Mai_Adashi: Ni dai duk wannan boko bai shige ni ba. Gidana na Rijiyar Zaki da adashi na gina shi. Kwasar farko na sayi fili, ta biyu na buga bulo na jibge, shekara ta zagayo aka yi harsashi. Da aka rufe ɗaki biyu muka tare, ko filasta babu, sauran muka ƙarasa muna ciki. Ba wanda ya bi ni ruwan ko sisi, ba wanda ya riƙe mini takarda. Sannu ba ta hana zuwa.

Injiniya_KD: Hajiya, Allah ya sa albarka, amma a wace shekara kika fara?

Hajiya_Mai_Adashi: 2011.

Injiniya_KD: To kin ga ni. Lokacin farashi na tafiya ne a ƙafa. Wanda ya fara irin wannan gini a 2021, kafin ya kai linta kuɗin rodi da kwano sun ninka. Ina da gine-gine da yawa da na bari a iya taga, masu su sun kasa ci gaba, damina na cin bulo. Kuma duk shekarun da mutum ke ginin yana biyan haya a wani wuri. Wannan hayar da wannan tashin farashin su ma ruwa ne, sai dai ba a rubuta su a takarda.

Hajiya_Mai_Adashi: Ko ba komai ba zan tsaya gaban Allah da su ba.

Ustaz_Gwale: Hajiya ta gama magana.

Ummu_Khalil: Ustaz, to ina tambaya da gaske, ba gatse ba. Mijina ya je wani bankin Musulunci neman kuɗin gida, da aka buga masa jimillar abin da zai biya, ba ta yi ƙasa da ta sauran bankuna ba. In kuɗin ɗaya ne, mene ne bambancin?

Ustaz_Gwale: Tambaya mai kyau, Malama. Bambancin a ƙulla cinikin yake, ba a yawan kuɗin ba. A murabaha banki ne ke sayen gidan ya mallake shi, sannan ya sayar maka da riba sananna, a biya kaɗan-kaɗan. Farashin da aka yanke ranar farko shi ne har ƙarshe, ko ka makara ba a ƙara wa banki komai. A musharaka mai raguwa kuwa, ku biyu kuka mallaki gidan, kana biyan haya a kan kason banki, kana kuma sayen kason a hankali har ya ƙare. Akwai ijara, wato haya, da ke ƙarewa da mallaka. A duka ukun akwai kadara a tsakani, banki ya ɗauki nauyin mallakarta. A bashin ruwa kuwa kuɗi ne suka haifi kuɗi. Tsada ba ta haramta ciniki, araha kuma ba ta halatta riba.

Sadiq_Banki: Ustaz, a fiƙihu ban isa in ja da kai ba. Amma a lissafi, musharaka mai raguwa da jadawalin da Malam_Lissafi ya kawo kusan abu ɗaya ne. Da farko kason banki na da yawa, haya ta yi yawa, abin da ke sayen kaso ya yi kaɗan. Wanda ya shiga ta, bayan shekara biyar shi ma zai iya zuwa nan ya ce kason banki ko gezau. Cikin bankunan Musuluncin, Jaiz tun 2012 yake aiki, TAJ 2019, Lotus 2021, kuma dukkansu a kasuwa ɗaya suke da mu, hauhawar farashi ɗaya ke cin kuɗin masu ajiyarsu. Wanda zai yi murabaha ya tambayi abu guda kafin ya sa hannu: in na biya da wuri, za a yafe mini wani ɓangare na ribar, ko sai na biya farashin duka? A wurare da yawa yafewar ganin damar banki ce.

Bakatsine_Leeds: Gaisuwa daga Ingila. Mu a nan matsalar ta wata fuska take zuwa. Bashin shekara 25 ne ko 30, amma ruwan ana tsayar da shi ne shekara 2 ko 5 kawai, daga nan a sake ciniki. A 2021 ma'aunin Bankin Ingila kashi 0.1 ne, zuwa Agustan 2023 ya kai 5.25. Ku ɗauki bashin fam 200,000 na shekara 25: a kan kashi 2, fam 848 ne a wata, a kan kashi 6 kuwa fam 1,289. Mutane da yawa wa'adinsu ya ƙare a tsakiyar wannan, suka wayi gari da ƙarin ɗaruruwan fam a wata, gida ɗaya, albashi ɗaya. A Amurka su ana tsayar musu shekara 30 cur, shi ya sa waɗanda suka kama ƙasa da kashi 3 a 2021 suka ƙi sayar da gidajensu da ruwa ya doshi kashi 8 a 2023. Abu Hanan, kashi 6 tsayayye na shekara 30 a Nijeriya, wallahi ka riƙe shi da kyau.

Ustaz, a kan batunka kuma, Majalisar Fatawa ta Turai ta ba da fatawa a 1999 cewa Musulmin da ke zaune a nan, ba shi da gidan kansa kuma babu wata hanyar halal, zai iya karɓa saboda buƙata. Malamai da yawa sun yi mata raddi, har yau ana jayayya a masallatanmu.

Ustaz_Gwale: Na san fatawar. Ko waɗanda suka bayar sun ɗaure ta da rashin mafita. Mutumin Kano da bankunan Musulunci ke bakin titinsa ba zai fake da ita ba.

Yar_Sabongari: Bankunan na bakin titi, Ustaz, amma wa ke da albashin da zai biya dubu ɗari biyu a wata? Mafitar da ba ka iya shiga mafita ce?

Ustaz_Gwale: Wannan tambaya ta fi ƙarfin zauren nan, 'yar'uwa. A kai ta gaban malamin da zai ji halin mutum dalla-dalla. Kuma shi kansa FMBN ya fito da tsarin haya zuwa mallaka marar ruwa, a je a tambaya.

Dan_Maradi: Salamu alaikum 'yan uwa na Nijeriya. Ina biye da ku tun ɗazu. Maganar da Baba ya yi ta cewa hauhawar farashi na cinye bashi, ku sani ba ko'ina take aiki ba. Mu nan sefa ɗaure take da yuro, sefa 655.957 kan yuro guda, ba ta motsi. Kaya na tsada, amma ba irin taku ba. Don haka wanda ya ci bashin miliyon goma, miliyon goma mai nauyi zai maida, da ruwanta. A 2014 anka ƙayyade ma bankunan yankinmu kada su wuce kashi 15, kuma a 2018 anka buɗe bankin gidaje a Yamai, amma galibin mutane har yanzu hili suka saye su gina sannu-sannu kamar Hajiya.

Baba_Ritaya: Madalla da wannan gyara, mutumin Maraɗi. Ashe rashin lafiyar naira ce ke yi wa Abu Hanan aiki.

Abu_Hanan: To jama'a, mu dawo kaina. Na yarda ba a sace mini komai ba. Yanzu in ina so in rage yawan ruwan nan, ko don maganar Ustaz ko don kaina, me zan yi?

Malam_Lissafi: Duk nairar da ka ƙara a kan biyan wata, kai tsaye uwar kuɗi take sara, kuma ruwan da za ta haifa har ƙarshen wa'adi ya mutu. Misali, da tun farko N70,000 kake biya maimakon N59,955, da bashin ya ƙare cikin shekara 21, ka tsira da wajen miliyan 4. Ƙarin dubu goma kacal. Da shekara 20 ka zaɓa tun asali, N71,643 ne a wata, ruwa miliyan 7 da dubu 200. Da shekara 15, N84,386, ruwa miliyan 5 da dubu 200. Yanzu ma ba a makara ba, kana cikin shekarun da ƙari ya fi tasiri. Dubu ɗari da ka zuba bana ta fi dubu ɗari da za ka zuba a shekara ta 25 aiki nesa ba kusa ba.

Lauya_Zazzau: Kafin ka tura ko sisi, ɗauko takardar tayin da ka sa wa hannu ka duba ko akwai tarar biya kafin lokaci. Sannan ka rubuta musu wasiƙa cewa kuɗin nan a sare su daga uwar bashi, ka karɓi kwafi mai hatimi, ka nemi sabon jadawalin biya. In ba haka ba, ana iya ajiye su a matsayin biyan watannin gaba, ruwa na ci gaba da hawa a kan tsohon adadi. Ka kuma faɗa musu wanne kake so, a rage wa'adi ko a rage biyan wata. Rage wa'adi ne ke kashe ruwa sosai.

Sadiq_Banki: Ni kuwa a lissafin kuɗi zalla ba zan ba shi shawarar ya yi gaggawar biya ba. Me zai sa ka kashe bashin kashi 6 alhali sukuk ɗin gwamnatin tarayya, wato takardun zuba jari na tsarin Musulunci, na farko a 2017 ya ba da sama da kashi 16? Ka sa rarar a can, ko a awaki ma, ka fi samun abin da ka tsira da shi.

Ustaz_Gwale: Wato ya riƙe haram don ya juya halal. Sadiq, Allah ya shirye ka.

Sadiq_Banki: Amin, Malam. Na ce a lissafi zalla.

Malama_Rifkatu: Ina kwana jama'a. Ni tambayata ta ɗan kauce. Ƙungiyar adashin gata ta wurin aikinmu na ba da bashin gini a kan kashi 10, suna cewa sun fi banki sauƙi nesa. Amma yadda suke yi, in ka karɓi miliyan 10 na shekara 10, sai su ce ruwa miliyan ɗaya kowace shekara, jimilla miliyan 20, a raba wata 120. Wannan daidai yake da irin na Abu Hanan?

Malam_Lissafi: Ko kusa, Malama. Su suna ɗora ruwan a kan miliyan 10 har ƙarshe, ko da abin da ya rage a wuyanki bai kai miliyan ɗaya ba. Za ki riƙa biyan N166,667. Da a kan ragowar bashi suke lissafi, kashi 10 na shekara 10 N132,151 ne a wata, jimilla ƙasa da miliyan 16. Wannan kashi 10 nasu, in aka auna shi da mudun banki, kusan kashi 16 ne. Har yanzu ya fi kashi 25 sauƙi, kuma ribar tana dawowa ga 'yan ƙungiya a ƙarshen shekara, amma ki san abin da kike saye. Duk wanda ya faɗa miki kashi kaza, ki tambaye shi: a kan asalin kuɗin ko a kan abin da ya rage?

Malama_Rifkatu: Na gode ƙwarai. Zan kai maganar taronmu na wata.

Ummu_Khalil: Wani abu da ke damuna da babu wanda ya taɓo. Shekara 30 ba kwana 30 ba ce. In mai gida ya rasu a shekara ta 12, mu da yara fa? Gidan ya shiga gado ko banki ya kwashe?

Lauya_Zazzau: Bashi na gaba da gado, Hajiya, a shari'a da a dokar ƙasa. Shi ya sa irin wannan lamuni ke zuwa da inshorar rai, wadda za ta biya ragowar in mutum ya rasu, da ta gobara. Abu Hanan ya duba ko tasa tana raye, wane kamfani ne, kuma wa ke biyan kuɗinta duk shekara. Iyalinsa su san inda takardar take. Na ga gidajen da magada ba su ma san akwai inshorar ba. Masu ƙyamar inshora su nemi takaful, wato inshorar Musulunci.

Tunda an zo nan, masu shirin nema su sani ruwa ba shi kaɗai ne kuɗin ba. Dokar filaye ta 1978 ta ce ba a jinginar da fili mai takardar gwamna sai da sahalewarsa, don haka akwai kuɗin wannan, da na rajista a hukumar filaye, KANGIS a Kano ko KADGIS a Kaduna ko AGIS a Abuja, da na mai ƙiyasta darajar gida, da na lauya. Takardar mai unguwa da shaidu uku kuwa banki ba ya kallonta. Da yawa daga gidajen cikin gari a nan suke faɗuwa tun kafin a zo maganar kashi nawa.

Yar_Sabongari: Kuma wai gaskiya ne ana iya ciro kuɗin fansho a yi kafin alƙalami?

Sadiq_Banki: Gaskiya ne, tun 2022 hukumar fansho ta PenCom ta yarda a ciri har kashi 25 na abin da ke asusunka don wannan. Amma ki tuna daga abincin tsufanki aka ɗebo.

DanBirni_KN: Duk kun gama boko, ni har yanzu ina kan bakana. Mutum ya biya miliyan uku da rabi a ce dubu ɗari bakwai ya biya, ko me za ku kira shi, bai yi mini ba.

Abu_Hanan: DanBirni, ni ma bai yi mini daɗi ba, amma dai ba zan je in yi faɗa ba. Gobe zan nemo takardar tayin in duba batun tara da inshora kamar yadda Lauya ya ce. Batun ƙara dubu goma kuwa sai na zauna da uwargida, don daga kuɗin cefane za ta fito. Malam_Lissafi, in na fara ƙarin daga watan gobe, a kan N9,305,000 ɗin da ya rage, shekara nawa zan rage?

Malam_Lissafi: In ka koma N70,000 daga yanzu, saura wata 219, wato shekara 18 da wata uku maimakon 25. Turo mini ranar da ake cire maka da ainihin ragowar har kwabo in buga maka jadawalin.

Hajiya_Mai_Adashi: Dubu goman nan ka kawo ta adashi, akwai gurbi biyu a na watan gobe.

Sadiq_Banki: Hajiya, wa ke kwasar farko?